Morar Kaka Minda Ba Ta Isa Yaye Ba

Ranar Asabar, ashirin da biyar ga watan Janairu, da hantsi, Allah ya karɓi ran Doña Herminda Pirazán, wadda mu yaran unguwar Peña Seca muke kira Kaka Minda. Ta cika a asibiti, can ƙasa cikin Bogota, bayan 'yar gajeriyar jinya ta ciwon ƙirji. Ta haura shekara saba'in, ita kanta ba ta san da nawa ba. Ta bar ɗa ɗaya, Kawu Eliécer, da jikoki biyu, da akwatuna biyar a bayan gida da ta dasa mora a ciki, wata shuka mai ƙaya mai ƙananan baƙaƙen 'ya'ya.

Sunana Yurani, 'yar Rosalba, mu ne a gidan da ke sama da nata a kan dutsen. Ba mu haɗa jini da ita ba. Fada, limamin cocinmu, ya ce duk mai abin faɗa a kanta ya tashi a coci ya faɗa. Na so in tashi, na kasa. Shi ya sa na rubuta, za a manna a ƙofar coci. A yi haƙuri da rubutuna, karatuna bai yi nisa da firamare ba.

Kaka, sata ce ta haɗa ni da ke. Ina 'yar shekara tara na zura hannu ta cikin shingenki na tsinko mora ɗaya, ƙaya ta kama hannun rigata, na ja ta ƙi saki. Ina wannan kokawa na ji murya a kaina.

"Ranki ya daɗe, in sata za ki yi, ki saci baƙa. Jar nan ba ta nuna ba, sai ta kashe miki haƙora."

Na waiga in ga babbar matar da kike wa magana. Ba kowa sai ni. Daga baya na gane cewa mutanen garinku haka suke ce wa kowa, yaro da babba, har jaki, har mijin da ake faɗa da shi. Amma ni ba a taɓa ce mini haka ba, kuma tun da kika tafi ba a sake ba. Kika cire mini ƙayar ɗaya bayan ɗaya, kika cika mini tafin hannu da baƙaƙen mora, kika ce gobe in biyo ta ƙofa, ƙofa ba ta da ƙaya.

Kowa ya san Peña Seca ba ta da ƙasa. Wurin fasa dutse ne a da, in ka kafta fartanya wuta take yi. Ke kika ce tunda ƙasa ta ƙi zuwa, za ki ɗauko ta. Kika tattara katakon da mutane suka zubar, tsohuwar ƙofa, ƙafar tebur, gefen gado, kika buga akwatuna masu tsayi har ƙugu, don ruwan sama ya sami hanyar fita, kuma don gwiwoyinki da suka daina lanƙwasuwa. Sannan kika shiga cika su. Duk Lahadi bayan coci kina shiga mota zuwa ƙarshen hanya, inda gonaki suka fara, ki roƙi baƙar ƙasa buhu guda, ki dawo da ita a kan cinya. Akwai direban da ya taɓa ce miki, "Iya, mutane suna gudowa birni don su rabu da ƙasa, ke kuma kina biya mata kuɗin mota?" Kika ce, "Ranka ya daɗe, ita ba ta zagin fasinja." Motar duka ta kwashe da dariya. Sauran abin cika akwatunan kuwa ɓawon dankali ne, da ɓawon ƙwai, da tukar kofi, da kashin zomo. Gida-gida nake bi da bokiti ina karɓo miki, don wannan aikin ba ya buƙatar magana, miƙa bokiti kawai ake yi. An ce mai haƙuri yakan dafa dutse. Ke ba ki dafa shi ba, shimfiɗa kika yi a kansa.

Sau ɗaya tak kika ba ni labarin inda morar ta fito. Kin ce da safen da masu bindiga suka ba garinku wa'adi, bayan sun tafi da mijinki, Don Aristóbulo, kowa ya ɗauki abin da zai iya. Wasu tukunya, wasu kaji. Ke kika goya Eliécer, kika tono ƙaramin dashen mora daga bakin rafin gidanku, kika naɗe shi a jiƙaƙƙen mayafin ulu. Kin ce mahaifiyar mijinki ce ta dasa uwarsa. Duk abin da ke cikin akwatunan nan biyar daga wannan ɗan dashen ya fito. Na tambaye ki ko akwai sauran irinta a can. Kika ce an mai da wurin makiyayar shanu. 

Morarki ba irin ta kasuwa ba ce. Ƙanana ce, ƙayarta ta fi yawa, kuma tana da ƙanshi da ke zama a hannu har washegari. Ba ki taɓa sayar da ita ba. Kina dama ta da madara ki ba yara, ko ki dafa ta da mazarƙwaila ki zuba a kwalba ki aika wa mai jego. Lokacin da ƙanena Brayan ya yi zazzaɓin da ya hana shi cin komai, Mama tana can arewacin gari tana goge gidajen mutane, ke kika zauna da shi kina ɗura masa ruwan mora da ɗumi, cokali-cokali, har ya buɗe ido ya ce a ƙara. Da Mama ta dawo ta rasa bakin godiya, kika ce mata, "Ke je ki kwanta, idonki ya fi na yaron faɗawa."

Don Pacífico mai shago ba ya wucewa bai tsokane ki ba. Yakan leƙo ta kan shinge ya ce, "Maƙwabciya, yau ma akwatunan gawar ake wa ban ruwa? Ke kaɗai har biyar kika tanada?" Ke kuma ki ce, "Ɗaya naka ne, ranka ya daɗe, sai dai in ƙara masa faɗi saboda tumbin." Ya yi dariya har ya riƙe shinge, ya miƙo miki ƙwai biyu, ki miƙa masa kwanon mora. Ranar jana'izarki ya ce wa Mama da ya sani da ya ciji harshensa. Ni na san ba ki taɓa riƙe shi ba.

Abin da ba zan manta ba shi ne ba ki taɓa tambayata me ya sa ba na magana ba. A makaranta ana ce mini bebiya. A gida ana ce mini in buɗe baki. Ke kuwa sai mu wuni muna ɗaure rassa a jikin waya, ba wadda ta ce uffan, da yamma ki ce, "Yau mun sha hira." Da na bar makaranta don renon ƙannena, kowa ya ce ba komai, ke kaɗai kika yi fushi. Kin hau har gidanmu da waɗannan gwiwoyin, kika yi wa Mama magana. Ba ta da yadda za ta yi, kema kin sani. Kika sauko, kika miƙa mini almakashinki, kika ce to ga wata makarantar.

A nan na koyi rassa. Kin nuna mini mace, mai matsakaicin jiki, wadda ganyen kanta ke buɗe, ita ke ba da 'ya'ya, in ta gama a yanke ta daga gindi a ba na baya wuri. Kin nuna mini namiji. "Dube shi," kika ce, "kauri, ƙaya, kai a sama, hannu ba komai. Sai an datse masa kai yake hankali ya yi 'ya'ya." Kawu Eliécer yana wanke takalmin aikinsa a bakin famfo, ya ce, "Mama, ina jin ki fa." Kika ce, "Ai da kai nake."

Sai damina ta bara ta zo. Tsaga ta buɗe a bayan gidajen sama, tun tana ɗaukar yatsa har ta fara ɗaukar ƙafa. Mutanen hukuma suka zo da huluna masu ƙarfi, suka auna, suka ce dutsen yana zamewa, wata rana zai sauko da mu duka. Suka shafa jan fenti a ƙofarki, da tamu, da ta Don Pacífico, da duk layin. Aka ce za a ba kowa ɗaki a gidajen bene, wasu nan wasu can. Naku hawa na biyar. Kika tsaya kina kallon fentin, kika ce, "An yi gudun gara an faɗa gidan zago." Ba ki yi kuka ba. Kin tambayi babbansu abu ɗaya: a hawa na biyar ɗin akwai ƙasa? Ya ce akwai taga.

Kawu Eliécer ya ce a tone morar a tafi da ita. Kika ce saiwarta ta huda gindin akwatunan ta shige tsagar dutse, kuma tsohuwa ba ta ƙaura sau biyu. Na ɗauka mora kike nufi. Dabarar da ta rage ita ce a samu sababbin dashe daga rassanta kafin a rushe. Fada ya yarda ya ba da wani ɗan fili a bayan bangon coci, can ƙasa inda jan fenti bai kai ba. Muka tara gwangwanayen madara da na fenti, muka huda gindinsu, muka cika su da mafi kyawun ƙasar akwatunan.

Amma kin ƙi farawa. Tun kafin Kirsimeti nake zuwa da gwangwani a hannu, ki ce ba yanzu ba. Da farko rassan ba su yi tsawon da za su kai ba. Da suka kai, kika ɗaga kai kika ce wata yana girma, ba a binne kan reshe sai wata ya fara raguwa, haka surukarki ta yi, haka uwarta ta yi. Don Pacífico ya ce, "Maƙwabciya, katafila ba ta duban wata." Kika ce, "Ita ba ta duba, mora na dubawa." Ban sani ba ko gaskiyarki ce. Na dai san makonnin nan da muka jira su ne yau muke nema.

Da watan ya ragu kika kira ni. Kika lanƙwaso reshe a hankali kamar mai sunkuyar da kan yaro za a yi masa wanka, kika tsige ganyen bakinsa, kika cusa kansa cikin ƙasar gwangwani, kika danne da babban yatsa.

"Ki ji da kyau, ranki ya daɗe. Wannan ba shi da saiwa. Uwar ce ke shayar da shi ta reshen nan. Wata guda, a sanyin nan har fiye. In kika ja shi a hankali ya biyo ki, ki mai da shi, bai isa ba. Ran da ya ja da ke, ya ƙi zuwa, ran nan ake yaye shi."

Muka jera gwangwanayen a gindin akwatunan, kowanne da reshensa kamar cibiya. Kika ce in sun isa, rabi na bayan coci, rabi a raba wa mutanen layi, duk inda aka jefa su su tafi da ɗan abin tunawa.

A makon ne sama ta washe, sanyin Janairu ya sauko, irin wanda raɓa ke zama ƙanƙara kafin gari ya waye. Kullum da yamma kina lulluɓe gwangwanayen da buhu, da asuba ki fito ki yaye. Da buhunan suka kasa, kika ɗora mayafinki na ulu a kan na ƙarshen layi, kika koma ɗaki da 'yar riga. Tari ya kama ki. Kin ce ruwan mazarƙwaila da lemun tsami zai kore shi. Bai kore shi ba. Ranar da Kawu Eliécer ya goya ki zuwa bakin titi, kamar yadda kika goyo shi zuwa garin nan, na biyo ku da takalmanki a hannu. Kika kama wuyan hannuna kika ce, "Kada a yanke sai sun ja." Na gyaɗa kai. Maganarmu ta ƙarshe ke nan, kuma ko a nan ban ce komai ba.

Kaka, ba a sa ki a ƙasa ba. Na so ki sani, ko da yake ba daɗi. A maƙabartar bango ne dogo mai ramuka jere kamar kantar shago, aka tura akwatinki a layi na huɗu, aka toshe da bulo da siminti, Kawu Eliécer ya rubuta sunanki da ƙusa tun simintin bai bushe ba. An ce haya ce, bayan wasu shekaru za a fitar da ƙasusuwa a ba wani wurin. Ke da kika yi shekaru kina ɗauko ƙasa a kan cinya, ba ki samu ko tafi ɗaya ba. Na je da 'yar kaɗan a aljihun rigata. Ban ga inda zan zuba ba, na dawo da ita.

Aka yi addu'ar kwana tara a gidanki. Kullum ina ba gwangwanayen ruwa da safe, in rufe su da yamma. Ranar cikon addu'ar Mama ta aike ni ɗauko kofuna a gidan wata maƙwabciya. Da na dawo na tarar mutane sun fito bayan gida, kowa da gwangwani a hannu, wasu na share hawaye. Kawu Eliécer yana durƙushe a gindin akwati na biyar da almakashinki. Yana yanka yana miƙawa, yana cewa ga tsarabar Mama, ga tsarabar Mama. Saura ɗaya, wanda ke ƙarƙashin mayafinki.

Ban san lokacin da kofunan suka faɗi ba.

"Kawu, a'a! Ba su isa yaye ba!"

Kowa ya juyo ya dube ni. Na ji Don Pacífico ya ce a hankali, "Ashe tana da murya."

Kawu Eliécer ya ɗago, almakashin a buɗe. Ya ce, "Yurani, ai ita ta ce na mutane ne. Ta ce kowa zai samu."

Na ce, "Ta ce sai sun ja."

Bai gane ba. Na karɓi gwangwanin da ke hannun wata mata, na ja reshen da yatsu biyu, ya fito sumul, fari fat, ba ko zare. Ya dube shi, ya dubi layin rassan da ke reto a iska ba komai a bakinsu, sai ya zauna a gefen akwatin ya rufe fuska da hularsa. Ban taɓa ganin babban mutum ya yi irin wannan kukan ba.

Ina roƙon duk wanda ya karanta wannan kada ya ga laifinsa. Tun duhun asuba yake fita wurin gini, sai dare yake dawowa, shekara da shekaru, don ke ki samu zama da morarki. Bai taɓa samun wunin da zai tsaya ya ga yadda ake yi ba. Alheri ya yi niyya.

Gwangwanayen nan duk sun mutu. Mun mai da su inuwa, mun rufa musu leda, mun yi musu duk abin da aka ce. Na Don Pacífico ya fi daɗewa, ya ajiye shi a kan kanta kusa da hoton Budurwa Maryamu, shi ma ganyensa ya yi baƙi ya zube. Na sake binne wasu kawunan a washegarin ranar, amma na san aikin banza ne, lokacinsu ba zai kai ko rabi ba.

An ce ranar Litinin katafila za ta hau layinmu. Gidajen sama an riga an cire musu kwano. Na je da ƙafata wurin shugaban ma'aikatan, na roƙe shi ya bar akwati ɗaya ko na mako biyu. Ya saurare ni har na gama, ban san yadda aka yi na gama ba. Ya ce, "'Yata, da nawa ne da na bar miki. Dutsen nan ba zai jira ba, ni ma ba a ba ni ikon jira ba." Ya ba ni alewa.

Jiya na ɗaga mayafinki na ja na ƙarshen. Ya biyo ni, Kaka. Akwai wasu fararen zare biyu ko uku a bakinsa, gajeru kamar gashin jariri. Na mai da shi da sauri, na danne da babban yatsa yadda kike yi. Da safen Litinin zan yanke shi ko ya isa ko bai isa ba, in sauka da shi bayan coci. Na ga abin da ya sami 'yan'uwansa, ba na yaudarar kaina. Mu an ba mu ɗaki a wani gefen gari, mota biyu ce tsakaninmu da cocin, ban san wanda zai riƙa ba shi ruwa ba. In ya mutu, morar bakin rafin garinku ta ƙare a duniya, kuma ba wanda zai sani sai ni.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Kawu Eliécer da matarsa, da jikokinta Duván da Marlén, da Don Pacífico, da duk mutanen layinmu da za a watsa kafin wata ya sake raguwa. Allah ya ba mu haƙurin rashinta. Kawu, almakashin da ka bari a gefen akwati yana wurina, in kana so zan kawo maka.

Kaka Minda, ranki ya daɗe. Ban taɓa mayar miki da wannan gaisuwar ba don kunya, yau na mayar, da ba ta da amfani. Allah ya jiƙan ki, ya gafarta miki kurakuranki, ya haskaka makwancinki. Ya sada ki da Don Aristóbulo da surukarki. Ubangiji ya saukar da ke daga bangon nan, ya ba ki baƙar ƙasa mai laushi a bakin rafi, inda ba mai shafa jan fenti a ƙofa, inda ba za a sake ce miki ki tashi ba. Kuma in akwai sauran rahama da ta rage wa Peña Seca, Allah ya sa ranar Litinin in na ja, ya ja da ni. Amin.